Iyaye a yi hattara da dillalan karatu a Amurka

Assalamu alaikum Edita. Don Allah a ba ni ɗan fili in ja hankalin iyaye kan dillalan nan masu tallar ƙananan kwalejojin Amurka na shekara 2. Yayana gona ya sayar ya ba wani ejan, wai ɗansa zai riƙa aiki yana biyan kuɗin makaranta da kansa, alhali mai bizar ɗalibai ta F-1 awa 20 kawai aka yarje masa a sati lokacin karatu, shi ma a cikin makaranta. Ga dala 350 ta SEVIS (rajistar ɗaliban ƙasashen waje a Amurka) ga 185 ta biza, ƙarshe aka hana yaron bizar. Wallahi ranar ko tuwo yaya bai iya ci ba. Jama'a ku fara tambaya a EducationUSA Abuja, cibiyar gwamnatin Amurka mai ba da shawara kan karatu a can, kafin ku ba kowa sisi.

Mai karatunku daga Kano