Baƙonku Ya Ƙirga Masu Shiga, Ya Manta Da Masu Fita

Malam Edita,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, na rubuto ne a kan shirinku na fasaha na makon jiya, inda kuka tattauna batun adalci da damawa da kowa a tsakanin ma'aikatan fasahar gajimare, wato hayar na'urori ta intanet domin adana bayanai da gudanar da manhajoji. Na saurari shirin daga farko har ƙarshe, kuma raina ya ɓaci matuƙa da yadda mai gabatarwa ya zuba wa baƙonku ido yana ta nanata cewa kamfanoni a shirye suke su ɗauki mata da baƙar fata da masu buƙata ta musamman, ƙwararru ne kawai suka yi ƙaranci a cikinsu, ba tare da an tare shi da tambaya ko ɗaya ba. Ni mace ce, injiniya, kuma na daɗe ina aikin kula da manyan na'urorin da bankuna da asibitoci da 'yan kasuwa ke haya ta intanet domin adana bayanansu da gudanar da manhajojinsu. Wannan maganar ta baƙonku ita ce ake jefa mana a ofis duk lokacin da aka rasa amsa, kuma ban taɓa zaton zan ji an shimfiɗa ta a tasharku kamar gaskiyar da ba ta da ja ba.

Duk lissafinsa a bakin ƙofa ya tsaya: mutum nawa suka nemi aiki, mutum nawa suka ci jarrabawar ƙwarewa, mutum nawa aka ɗauka. Bai ce uffan ba game da abin da ke faruwa bayan mutum ya shiga, alhali a can matsalar take. Duk wanda ya san wannan sana'a ya san takardar shaida shigar da mutum kawai take yi. Abin da ke ɗaga injiniya shi ne a sa sunansa a jadawalin ko-ta-kwana, a ba shi izinin taɓa na'urorin da abokan ciniki ke amfani da su a zahiri, wayarsa ta yi ƙara da tsakar dare idan rumbun bayanai ya tsaya, ya tashi ya gano inda matsalar take ya gyara kafin gari ya waye. Washegari a taron bita sunansa ne a bakin kowa, kuma idan lokacin ƙarin girma ya zo, irin waɗannan dararen ake lissafawa. Haka ma wanda aka damƙa wa aikin kwashe bayanan wani babban kamfani daga tsofaffin na'urorinsa zuwa gajimare, ya kammala ba a yi asarar komai ba, ya samu abin nunawa har ƙarshen aikinsa. Tambayar da ta kamata mai gabatarwa ya yi ita ce: su wa ake ba wa irin wannan aikin, su wa kuma ake hanawa?

Zan gaya muku yadda ake hanawa, domin a kaina aka yi. Da na dawo daga hutun haihuwa a wani kamfani da na yi wa aiki, sai na tarar an cire sunana daga jadawalin ko-ta-kwana, an kuma rage mini izinin shiga na'urori, ba tare da kowa ya nemi jin ta bakina ba. Da na tunkari shugaban sashenmu, ya nuna mini cewa tausayi ne ya sa, tunda ina da jariri ba zan iya tashin dare ba. Na gaya masa cewa ni ce na san tsarin gidana, kuma a shirye nake, amma maganar ta tsaya a kan za a duba. A madadin haka aka ɗora mini rubuta abin da aka tattauna a taro, da gyara takardun jagora, da horar da sababbin ma'aikata. Ayyuka ne masu amfani, kuma na yi su da zuciya ɗaya, sai dai babu gurbinsu a takardar neman ƙarin girma. Samarin da na zaunar na koya wa yadda ake bin rajistar kurakurai layi-layi har a kai ga tushen matsala sun wuce ni ina kallo, kwamiti kuma ya rubuta a takardata cewa ban nuna ƙwarewar shawo kan matsalar gaggawa ba. Su suka hana ni aikin, su kuma suka hukunta ni a kan rashin yin sa.

Tun kafin wannan ma na ga alama. Wata rana tsarin biyan kuɗi na wani abokin cinikinmu ya tsaya cak, aka tara mu ana ta kame-kame, wasu na zargin hanyar sadarwa, wasu na zargin sabon gyaran da aka yi wa manhaja. Na duba na ga shaidar tsaron shafin ce wa'adinta ya ƙare, na faɗa a fili, aka ci gaba da magana kamar ban buɗe baki ba. Can an jima wani abokin aikina ya maimaita abin da na ce, nan take aka sabunta shaidar, komai ya dawo daidai, kuma sunansa ne ya shiga rahoto. Ni aka ba wa rubuta rahoton. Matan da na fara aiki tare da su, da dama sun bar fagen, kuma babu wadda ta bari saboda aikin ya fi ƙarfin ƙwaƙwalwarta. Sun gaji ne. Yau idan aka ƙirga manyan injiniyoyi aka ga babu mata, sai irin baƙonku su ce ai dama babu su.

Kada a ce ƙorafin mutum ɗaya ne. A Amurka, a shekarar 1984, mata ne suka karɓi kusan kashi 37 cikin ɗari na digirin farko a kimiyyar kwamfuta, daga baya adadin ya faɗi ƙasa da kashi 20, kuma babu mai hankalin da zai ce basirar mata ce ta ragu a tsakanin waɗannan shekaru. Lokacin da Google ya fara wallafa alƙaluman ma'aikatansa a 2014, mata kashi 17 ne kacal a ayyukan fasaha, baƙar fata kuma kashi 2 na ma'aikatansa a Amurka. A 2022 kamfanin ya amince ya biya dala miliyan 118 domin sasanta ƙarar da ta shafi mata kimanin 15,500 a Kalifoniya, waɗanda suka yi zargin ana biyansu ƙasa da maza kuma ana ajiye su a matakin da bai kai ƙwarewarsu ba. Kamfanin bai amsa laifi ba, amma ku lura cewa waɗannan matan duk sun riga sun shiga ƙofar da baƙonku ke taƙama a buɗe take. A 2018 kuma kamfanin dillancin labarai na Reuters ya ruwaito cewa Amazon ya jingine wata manhajar tantance masu neman aiki, bayan an gano tana rage wa takardun mata maki, saboda ta koyi zaɓe ne daga takardun shekarun baya waɗanda akasarinsu na maza ne. Ko ƙofar ma ke nan ba lafiya ƙalau take ba.

Abin ya wuce albashinmu, ya shafi har mai saye. Binciken da Joy Buolamwini da Timnit Gebru suka fitar a 2018 ya gwada manhajojin nazarin fuska da ake sayarwa, ciki har da na Microsoft da IBM, ya gano kuskuren tantance jinsi ya kai kusan kashi 35 cikin ɗari a kan mata masu duhun fata, alhali bai kai kashi 1 ba a kan maza masu hasken fata. Irin waɗannan manhajoji ta gajimare ake hayar su, kamfanoni barkatai su ɗora nasu ayyukan a kai, don haka kuskure guda a tushe yana bazuwa ko'ina. Ina da yaƙinin cewa da akwai mai duhun fata da ake jin maganarta a ɗakin gwaji, da wuya a fitar da kaya a wannan hali.

Wani abin da ya ƙara ɓata mini rai shi ne yadda mai gabatarwa ya riƙa magana kamar kamfanonin nan kullum ƙara himma suke yi. A watan Janairun 2025 Meta, kamfanin da ya mallaki Facebook, ya rufe shirye-shiryensa na damawa da kowa, a watan Fabrairu kuma Google ya janye burin da ya sa wa kansa na ɗaukar ma'aikata daga ɓangarorin da aka bari a baya. Shirin da aka keɓe wa wannan batu bai kamata ya tsallake hakan ba. Kuma akwai ma'aunin da ya fi kalaman baki: tun 2017 doka ta wajabta wa duk kamfanin da ke da ma'aikata 250 ko fiye a Birtaniya ya riƙa bayyana gibin albashi tsakanin maza da mata. Da an tambayi baƙonku irin wannan lissafin a nasa kamfanin, wato mata nawa ne a matakin manyan injiniyoyi, nawa ne a jadawalin ko-ta-kwana, nawa suka ajiye aiki bayan haihuwa, da mun ji ko zai iya amsawa.

Sannan, Malam Edita, kun ɗora shirin a shafinku murya zalla, babu rubutaccen bayani ko layi ɗaya. Ina da abokin aiki kurma, gwani ne wajen tsaron bayanai, na so in tura masa amma babu ta inda zai amfana, alhali an ambaci masu buƙata ta musamman a cikin shirin. Wannan ya daɗe yana damuna da shirye-shiryenku gaba ɗaya, kuma gyaransa ba zai gagare ku ba.

Ina roƙon ku sake ɗauko batun, amma a wannan karon ku nemo matan da suka yi aikin suka bari, da injiniyoyin da suka shekara a mataki ɗaya ana tsallake su, domin mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Idan kuma baƙonku zai dawo, a sanar da shi tun da wuri ya zo da alƙaluman ƙarin girma da na masu ajiye aiki, a kuma buɗe layin waya da wuri yadda za mu samu damar yi masa tambaya da bakinmu.

Taku,
Wata injiniya mai sauraron shirinku.