Sitikar duba lafiyar mota in ta lalace fa?

Assalamu alaikum Malam Edita, don Allah a ɗan ba ni fili. Kwanakin baya tsakuwa ta fasa min gilashin gaban mota, aka canza, sitikar duba lafiyar motar da ke manne a jiki ta yage wajen ɓamɓarowa, alhali lokacinta bai ƙare ba. Na je neman wata aka ce sai an sake duba motar daga farko, birki, fitilu, tayoyi, komai, wallahi abin ya min ciwo, ai gilashi ne ya fashe ba birki ba.

Sitika shaida ce kawai, ainihin bayanin yana cikin rijistarsu, da lambar mota da lambar shasi za su gano ranar da aka duba, to me ya hana a buga min sabuwa da tsohon kwanan watan?

'Yan uwa direbobi ku adana takardar da aka ba ku ranar dubawa, ku ɗau hoton sitikar a waya, in ta yage ku riƙe guntun kar a yar. Kuma kar wani ya sai muku ta bogi a gefen titi don Allah.

Naku, wani direba mai karanta jaridarku kullum.