Wasiƙa zuwa Fatakwal, kan gem ɗin yaronka

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Aminina,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, ina fata kana lafiya, kai da uwargida da yara, kasuwa kuma tana tafiya. Mu nan gida sai godiya. Inna tana gaishe ka, ƙafar tata ta yi sauƙi, har ta fara fita gidan suna da barka. An gama yankan gero, riɗi yana jingine a gona yana shan rana, kowa kuma ya kasa kunne ya ji yadda kasuwar Gujungu za ta kama da shi bana.

Saƙon muryarka ya iso ni a gutsuttsure. Ka san sabis ɗinmu, sai da na hau tudun bayan firamare sannan ya buɗe. Abin da na fahimta shi ne ka sayo wa babban yaronka sabuwar waya, kana so ka ba da tsohuwar a yi maka musaya, shi kuma ya kafe sai an kwashe masa gem ɗinsa. Kun tura da Xender, manhajar tura kaya daga waya zuwa waya, ya ƙi shiga. Na ji inda ka ce ai gem ne kawai, a sake sauke wani. A kan wannan maganar na ga gara in zauna in rubuto maka, don ka karanta a nutse, shi ma ka ba shi ya karanta.

Kafin komai, kada ka rabu da tsohuwar wayar nan tukuna.

Bari in ba ka labarin Autanmu. Kusan shekara guda ya yi yana buga Dream League Soccer a ƙaramar wayar da na bar masa. Ya tara 'yan wasa ɗaya bayan ɗaya, ya faɗaɗa filin wasansa, har rigar ƙungiyar ya sa mata kalar da yake so. Wata rana wayar ta fara kukan ta cika, wani abokinsa ya ce ya shiga saitin ya share. A wurin akwai maɓalli biyu kusa da juna, ɗaya an rubuta Clear cache, ɗaya Clear data. Ya danna na biyun. Da ya buɗe gem ɗin sai ya tarar ana tambayarsa sunan ƙungiya, kamar yau ya fara. Ya zo shago da magariba, ya zauna a kan bencin nan da ke gefen allon caji, wayoyin mutane jere a bayansa suna ƙyalli, ya miƙo mini wayar ba tare da ya ce uffan ba. Na duba, na sake dubawa, bai taɓa haɗa gem ɗin da wani asusu ba. Babu abin da zan iya yi masa. Daren nan tuwonsa a rufe ya kwana. Kai za ka ce wasa ne, ni ma da haka nake cewa, amma na ga idon yaron, kuma na san abin da mutum ya tara da hannunsa a hankali ba ƙarami ba ne a wurinsa.

Shekarun da na yi a shagon caji da turi sun koya mini cewa abin da muke kira gem ba dunƙule ɗaya ba ne. Akwai manhajar kanta, wadda fayil ɗinta yake ƙarewa da APK. Akwai kayan cikinta masu nauyi, su hotuna da sauti da filaye, waɗanda a tsofaffin gem suke zuwa a fayil ɗin OBB. Sai kuma gumin mai wasa, wato matakin da ya kai da abin da ya tara. Na farko da na biyu kamar hatsi ne, in ya ƙare akwai shi a kasuwa, kuɗin data ne kawai. Na ukun shi ne irin da manomi ya zaɓa da hannunsa ya rataye a ɗaka, in ya salwanta ba za a sayo irinsa ba. Yaronka a kan na ukun yake kuka, kai kuma na farkon kake gani.

Yanzu ga dalilin da turin ya ƙi. A da, in za mu tura babban gem, sai mu tura APK, mu shiga foldar Android, mu buɗe obb, mu kwafi foldar gem ɗin gaba ɗaya mu ajiye ta daidai wannan wurin a ɗaya wayar. Sunan foldar ba shi ne sunan da ke kan fuskar waya ba, yawanci yana farawa da com, sannan sunan kamfanin da ya yi shi, kuma in ka canja ko harafi ɗaya gem ɗin ba zai ga kayansa ba, sai ya tsaya a baƙin allo ko ya ce a sake saukewa. Haka muka yi ta yi shekaru. To abu biyu suka canja. Android 11, da ta fito a 2020, ta rufe foldar data da ta obb, ba kowace manhajar duba fayil ke iya leƙawa ciki ba, don kada wata manhaja ta riƙa taɓa kayan wata. Sannan daga watan Agusta na 2021, sababbin manhajojin da ke shiga Play Store suna zuwa ne gunduwa-gunduwa, kowace waya ana ba ta gunduwar da ta dace da injinta da girman fuskarta da harshenta. Shi ya sa sau da yawa in ka tura APK kaɗai, rabin kaya ka tura, sai wayar ta ce App not installed. Ba lalacewa sabuwar wayar ta yi ba, kada wani ya ce ka kawo a yi mata filashin.

Ko da ma turin ya shiga, sabon gem zai samu, babu guminsa a ciki. Gem da yawa suna ɓoye wannan a wurin da ko ni ba na iya gani. Don haka hanya mafi aminci ita ce asusu. Ya ɗauki tsohuwar wayar, ya kunna data, ya buɗe gem ɗin, ya shiga saitinsa ya nemi inda ake haɗawa. Dream League yana haɗuwa da Google Play Games. In eFootball yake bugawa, wanda kafin 2021 muke kira PES, akwai Konami ID. In Free Fire ne ko PUBG Mobile, kayansa suna can wurin kamfanin, amma ka tambaye shi da kyau ko a matsayin baƙo ya shiga, wato Guest. Yara da yawa haka suke yi don sun ƙosa su fara. Asusun baƙo a jikin wannan wayar yake, in an goge ta, samunsa kuma sai an sha wahala, in ma an samu. Ya haɗa shi da Google ko Facebook tukuna. Bayan nan sai ya sa wannan Gmail ɗin a sabuwar waya, ya sauke gem ɗin daga Play Store, ya shiga.

A nan ma akwai inda ake tuntuɓe, kuma kusan kullum ina gani. Wanda ya sayar da wayar ne ya buɗe Gmail ɗin a tsaye a kasuwa, ba wanda ya riƙe lambar sirrin. Ka duba wannan tun tsohuwar tana hannunku. Ka sa lambar wayarka a matsayin ta dawo da asusu, ka rubuta adireshin da lambar sirrin a takarda, ka ajiye inda kake ajiye takardun gida.

In kuwa ƙwallon PPSSPP yake bugawa, irin wanda samarin garinmu suke yi wa layi a shagona, to wannan mai sauƙi ne, kuma shi na fi so, don komai nasa a fili yake. Ita PPSSPP manhaja ce da ta fito a 2012, aikinta ta sa waya ta kwaikwayi na'urar PSP ta kamfanin Sony. Gem ɗin fayil ɗaya ne, ISO ko CSO. Sauran kaya suna cikin folda mai suna PSP: guminsa yana cikin SAVEDATA, riguna da fuskokin 'yan wasa da ake ƙarawa suna cikin TEXTURES. Ya kwashe foldar PSP ɗungurungum da fayil ɗin gem ɗin, ya tura da Xender ko ya sa a memori, shi ke nan. Abu ɗaya zai kula da shi. In ya buɗe manhajar a sabuwar waya za ta tambaye shi inda za ta riƙa ajiya. Ya nuna mata foldar PSP da ya kawo, wadda take a fili. In ya bar ta ta ajiye a cikin Android/data, ranar da aka cire manhajar da kayan za ta tafi.

Maganar cikar waya kuma, tunda ita ce ta jawo wa Auta, bari in ɗan taɓa. Duk wanda ya kawo mini waya ya ce ta cika, kafin in taɓa gem sai na duba wurare uku. Na farko WhatsApp, wanda a sababbin wayoyi kayansa suke cikin Android/media. Bidiyon gurup-gurup, wa'azi da na biki da na siyasa, har da kwafin duk abin da mutum ya tura wa wasu a foldar Sent. Na biyu foldar Xender, inda APK ɗin da aka riga aka girka suke kwance ba aikin fari. Na uku fayil ɗin zip. Yaro zai sauke gem a ƙunshe, ya kwance shi da ZArchiver, ya bar ƙunshin, ka ga abu ɗaya ya ci wuri biyu. Waya mai giga 32, wadda tsarin wayar kansa ya riga ya cinye wani kaso, ba ta da ƙarfin ɗaukar wannan. Manhajar Files ta Google tana nuna manyan fayiloli da masu maimaici, amma a riƙa dubawa kafin a danna. Clear cache ba ya taɓa gumin mai wasa, tarkace yake sharewa. Ɗan'uwansa, Clear data, shi ne mai yin ɓarna.

In za ka saya masa memori, ka sayi na kirki. Akwai na jabu da za su nuna maka giga 64, alhali cikinsu bai kai haka ba, in kaya suka wuce ainihin girmansa sai su fara lalacewa shiru, ba za ka sani ba sai ranar da kake nema. Araha ba ta ado. Ni in zan sayo, sai na shiga Kano, Farm Centre, wurin mutumin da na sani, kuma in cika shi da fina-finai in buɗe na farko da na ƙarshe kafin in yarda da shi.

Akwai abin da nake so ka gaya masa da bakinka, don daga gare ka zai fi ji. Abokai za su kawo masa gem ɗin da aka yi wa kwaskwarima, a ce kuɗin ciki ba ya ƙarewa. Irin wannan ba ya hawa kan na asali, sai an cire na asalin, kuma nan take kayan da ba a haɗa da asusu ba suke tafiya. A gem ɗin intanet kuma kamfani yana iya rufe asusun wanda ya kama da shi. Abin da ya fi damuna ma shi ne ba ka san me aka cusa a ciki ba. Na taɓa ganin gem ɗin tseren mota yana neman izinin karanta saƙonnin tes. Me ya haɗa mota da saƙo? Ta saƙo banki ke turo lambobin sirri. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, kuma na san wani lokaci yana ɗaukar taka wayar ma.

Ban ce ka sakar masa waya dare da rana ba. Ni a shagona in an kira salla ko lokacin makarantar dare ya yi, kowa ajiyewa yake yi. Wannan tsakaninku ne. Amma in ka zauna kusa da shi kuka yi aikin nan tare, ka tambaye shi wane ɗan wasa ya fi wahalar samu, za ka ji bakinsa ya buɗe.

Idan ya shiga a sabuwar wayar ya ga ƙungiyarsa cif, ya buga wasa ɗaya ya rufe ya sake buɗewa komai na nan, to sannan ka cire asusun Google daga tsohuwar, ka zare memori da layi, ka mayar da ita kamar sabuwa, ka kai musayarka. In wani abu ya ƙi, ku ɗauki hoton fuskar wayar ku turo mini, da daddare sabis ya fi zama.

Auta ya sake tara wata ƙungiyar, wannan karon da asusu, ya ce a gaya wa ɗan naka in kun zo hutun salla yana jiransa. Inna ta ɗaura muku kuka da daddawa da ɗan riɗi, zan ba direban motar da ke tashi ranar Asabar, zan kira ka in ya kama hanya. Ka gaida uwargida da yara, da duk mutanenmu na can.

Wassalam.

Naka,
amininka tun makarantar allo