A riƙa tambayar talaka kafin a tsara gobensa

Malam Edita, assalamu alaikum. Wallahi abin yana damuna, a zauna a ofis a tsara shirin shekara 20 ko 30 kan ruwa da makarantu da asibitoci amma ba wanda ya tambayi manomi ko 'yar kasuwa ko mai buƙata ta musamman, sai dai su ji a rediyo an gama, alhali su da 'ya'yansu zai shafa. Kuma fa yana yiwuwa, a Porto Alegre ta Brazil a 1989 aka fara ba mazauna unguwanni damar zaɓar ayyukan da za a sa a kasafin kuɗi. Don Allah a kira taro bayan an tashi aiki, da yaren mutane, mata da matasa su yi magana, sannan a dawo a faɗa musu me aka ɗauka me aka bari.

Naku, mai karatu