Kafin Ki Tafi Aceh

Assalamu alaikum, ɗiyata.

Mamanki ta gaya mini jami'a ta amince da batun bincikenki, addini da yaƙin ɓallewa a ƙasashen da dimokuraɗiyyarsu ba ta yi ƙwari ba, kuma Aceh ta Indonesiya kika zaɓa. Na ji daɗi ƙwarai. Tsorona ɗaya ne: kada ki tafi da amsarki a jaka.

Da an ji wani yanki na neman ɓallewa sai a ce addini ne. To a Aceh wa ke yaƙar wa? 'Yan GAM, ƙungiyar neman ɓallewar Aceh wadda Hasan di Tiro ya kafa a 1976, Musulmi ne, haka yawancin sojojin da Jakarta ta tura musu. A wancan lokacin ana haƙo iskar gas a Arun, kusa da Lhokseumawe, kuɗin na wucewa babban birni, mutanen ƙauye na kallo. Bayan faɗuwar Suharto, shugaban Indonesiya, a 1998 aka ba yankin damar aiki da Shari'a, ana zaton magana ta ƙare. Bindiga ba ta yi shiru ba, a 2003 ma har dokar soja aka kafa. Sai bayan ambaliyar tsunami ta Disamban 2004 aka sa hannu kan yarjejeniyar zaman lafiya a Helsinki, ran 15 ga Agustan 2005, tsohon shugaban Finland Martti Ahtisaari ne mai shiga tsakani. Ki karanta yarjejeniyar da kanki. Miƙa makamai ne, da janye sojojin da aka kawo daga waje, da bai wa Aceh kashi 70 cikin ɗari na kuɗin albarkatun ƙasarta, da izinin kafa jam'iyyun yanki. A zaɓen 2006 tsohon ɗan GAM, Irwandi Yusuf, ya ci gwamna.

Ban ce addini ba ya ciki ba. Kakannin mutanen Aceh sun ɗauki yaƙinsu da Turawan Holan, tun daga 1873, a matsayin jihadi, kuma jikoki ba su manta ba. Aikinki ki gano wa ya ɗaga tutar addini, yaushe, me yake nema.

Sai maganar da ta fi damuna. Za ki zauna da matan da aka fita da mazajensu cikin dare ba su dawo ba. Ki cire takalmi a bakin ƙofa, ki sha kofin da aka miƙo miki, kada ki kunna rakoda sai ta yarda. In ta yi shiru, ki yi shiru. Ki canza sunanta da na ƙauyensu, don ke za ki hau jirgi ki dawo, ita tana nan tare da maƙwabtanta.

Allah ya yi miki albarka, ya kai ki lafiya. Ki kira mamanki da kin sauka.

Babanki