Sanarwa kan Labarin Ƙasar Tunani

Assalamu alaikum ƴan uwa marubuta. Ranar Asabar bayan sallar La'asar za mu haɗu a harabar gidan tarihi na Jos domin ci gaba da labarinmu na ƙasar da tunani ke zama zahiri, inda duk abin da aka manta yake ɓacewa daga doron ƙasa. Ina roƙon kowa ya zo da shafi ɗaya a kan wurin da ya zaɓa. Ni na zaɓi babbar kasuwar Taminus, wadda gobara ta cinye a 2002, domin a waccan ƙasa, muddin wata tsohuwa tana tuna rumfar atamfarta da ƙamshin turaren maƙwabcinta, kasuwar tana nan tana ci. Saura mu daidaita yadda za a yi idan mutum biyu suka saɓa wajen tuna gida ɗaya. Allah ya kai mu.