Wasiƙa zuwa ga Aminina a Kan Stawiński

Aminina,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, kai da iyali. A gaida Hajiya da yara.

Kukan da ka yi cewa marubucin fim kan sha wahala, darakta ya kwashe yabo, shi ya sa zan ba ka labarin Jerzy Stefan Stawiński, mutumin ƙasar Folan. An haife shi a 1921. Da mutanen Warsaw, babban birnin ƙasar, suka yi wa sojojin Jamus bore a watan Agustan 1944, yana cikin mayaƙan unguwar Mokotów. Da aka ci ƙarfinsu a ƙarshen Satumba, sai ya shiga magudanar ƙazanta ta ƙarƙashin gari da mutanensa, cikin duhu da wari, suna laluben mafita. Da yawansu ba su fito ba. Shi kuma ya ƙare a sansanin fursunonin yaƙi na Murnau a Jamus, bai koma gida ba sai 1947.

Shekaru ya yi da abin a cikinsa, don gwamnatin kwaminisanci na kallon irinsu a matsayin abokan gaba. Sai da aka ɗan sassauta a 1956 ya fito da labarin, darakta Andrzej Wajda ya mayar da shi fim ɗin Kanał, wanda ya samu lambar yabo a bikin finafinai na Cannes a 1957. Wajda gwani ne, ba musu, amma bai shiga ramin nan ba. Stawiński ne ya san ɗoyinsa.

Dubi dabararsa. Masu tace finafinai ba za su bari a ce sojojin Sobiyet sun tsaya a ƙetaren kogin Vistula ana karkashe mutanen gari ba. Sai ga masoya biyu a fim ɗin sun iso bakin magudana a gaɓar kogin a galabaice, suka tarar an toshe ta da sandunan ƙarfe, macen na hango ɗaya gaɓar. Ba a faɗi komai ba, amma duk ɗan Warsaw ya gane.

A fim ɗin Eroica na darakta Andrzej Munk, na 1958, Stawiński ya koma kan labarin zaman sansani: hafsoshi na alfahari da wani da suka ɗauka ya tsere, alhali yana ɓoye a saman rufin ɗakinsu cikin sanyi da kaɗaici. Wallahi wannan ya fi taɓa ni, don jarumtar da bai yarda ya yi wa ado ba tasa ce da ta abokansa.

Ya rasu a Warsaw a 2010. Ka nemi Kanał ka kalla, ka rubuto mini ra'ayinka.

Naka har kullum,
Amininka